Wata Huɗun Shirun Kumandan

Zamanin Faransa, nan Arlit da nake zaune yanzu fili ne kawai na makiyaya, babu gini ko ɗaya. Ni kuwa tafinta ne a barikin Agadas. Taubashina, ɗan kawuna, yana koyarwa a lekol, wato makarantar 'ya'yan makiyaya da ke bin rijiyoyin arewacin Abzin. Shi kaɗai ne malamin da ke jin Tamajak, harshen makiyayan, saboda shi ne ma iyaye suka yarda suka ba da yaransu.

Rana ɗaya takarda ta zo, an ba surukin wani akawu gurbinsa. Iyaye suka janye yaransu. Taubashina ya rubuta kukansa ga kumandan, Baturen da ke mulkin yankin, ya koma garkar albasar babansa yana jan ruwa da sa, yana jira.

Da na kai ziyara na tambaye shi ko ya sake tuntuɓa.

Ya ce, "Kai bawana, bariki ta cinye maka kunya. Mutum ya roƙi babba sau biyu? Tunda ya yi shiru, yana dubawa ne."

Na ce, "Ubangijin albasa, wata nawa ke nan?"

"Biyar."

Na zauna a Kano, inda shirun babba yakan zama yarda. Na zauna da Larabawan Gat, fataken hamada, su kuma shirunsu gayyatar ciniki ce. Amma a dokar Faransa, in hukuma ta yi wata huɗu ba ta amsa ba, ta ƙi ke nan, kuma daga ranar ake ba ka wata biyu kacal ka kai ƙara kotun da ke shari'a tsakanin mutum da hukuma. Ladabinsa ya riga ya cinye ɗaya.

A bakin rijiyar muka rubuta ƙarar, ina fassara masa dokar, yana gardama. Wai kada a ce kumandan ya ƙi shi, tunda bai ji da kunnensa ba. Sai da kawu ya tsawata masa ya sa hannu. Na roƙi direban motar wasiƙu ya miƙa ta gidan waya da hannunsa, ta kama hanyar Dakar, inda kotun take. Ta isa saura 'yan kwanaki wa'adin ya cika.

Kotu ba ta kira kowa ba. Takarda ta aiko bariki, ta ce a kawo dalilin cire shi. Ni na ga akawun nan yana zazzage akwatuna, gumi na ɗiga, har ya tono kukan taubashina ba a ko buɗe shi ba. Dalili kuwa babu. Bayan damina aka soke naɗin surukin.

Ranar da taubashina ya koma lekol, yaran da iyaye suka janye suka dawo bisa raƙuma, bibbiyu. Na daɗe ban yi numfashi mai daɗi irin na ranar ba. Albasa buhu guda ya aiko mini, da saƙon cewa har yanzu ba ni da kunya.