Ranar da Na Ɓata Wa Auta Aiki

Ki rubuta yadda na faɗa, 'yar nan, kar ki gyara mini.

Autana tun yana ƙarami yake jera yara a tsakar gida, wannan likita, wannan mara lafiya, shi ya kife bokiti ya hau yana ba da umarni. Da ya girma ya ce sana'arsa ke nan, shirya fim na ban dariya. Na ce, "Mutane suna neman lahira, kai kana neman a ƙyalƙyale?" Ya yi ta ƙananan finafinansa. Ban hana ba, ban kalla ba, ban kuma sa albarka ba.

Bayan rasuwar babansu, gidan talabijin suka neme shi ya riƙa yi musu shiri duk mako. Ya zo ya durƙusa ya ce, "Umma, ba zan karɓa ba sai kin sa albarka." Su kuma in ya yi jinkiri wani za su ba. Na ce ba na sa albarka a abin da ban gani ba. Ya ce to in zo in gani.

Na bi shi inda suke ɗaukar fim. Ɗaki ne babba, fitilu da zafi, wayoyi ko'ina a ƙasa, na tattare hijabina ina tsallakewa. Aka ajiye mini kujera kusa da mai ɗaukar sauti. Dokarsu ɗaya ce: in Auta ya ɗaga hannu, ko tari ba a yi, dariya ma sai a haɗiye ta, don na'urar komai ji take. Na ce ba wuya, ni da tun rasuwar nan ba a ga haƙorina ba. Na ciro carbina.

Wasan wani tela ne da ya ɗinka wando, ƙafa ɗaya ta fi ɗaya tsawo. Mai wandon na masifa, telan ya ce, "Alhaji, wando lafiyarsa ƙalau, tsayuwarka ce ba daidai ba. Ɗan karkace." Mutumin kuwa ya karkace! Haka babansu yake, Allah ya jiƙansa, in ya gyara kujera ta gurgunce sai ya ce daɓen ɗakin ne da laifi. Ban san sanda na fashe ba.

Mai sauti ya cire abin kunnensa. Ya ce wa Auta, "Darakta, dariyar Hajiya ta shigo ciki!"

Aka sake, na sake fashewa. Telan ya ce, "Hajiya, ki tausaya mana, ƙugun bawan Allahn nan zai goce."

Auta dai bai yi faɗa ba, ya taho idonsa jawur.

Na ce, "Babanka ne wannan."

Ya ce, "Shi ne, Umma."

Na dafa kansa na ce Allah ya sa albarka, ya je ya karɓa.

Yanzu maƙwabta a ɗakina suke kallo. Alhamdulillahi, na gode wa Allah da ya ba ni yaron nan. Wurin aikinsu dai har yau mai sauti bai yarda na koma ba.