Hayaƙin da ke Bin Batula

Duk wanda ya taɓa shan ruwan randa mai sanyi a ƙauyukan da ke tsakanin Kebbe da Fakku, da wuya in ba hannun Batula ne ya gina randar ba. Doguwa ce siririya, ba ta da yawan magana, ba ta kuma iya dariyar dole ba, wanda a ƙaramin gari wannan kaɗai ya isa laifi. Mijinta ya daɗe da rasuwa, tana zaune gidan autanta Mannir, ɗan kabu-kabu. Abin da take ji da shi a duniya ɗaya ne, jikarta Hamdiya 'yar Mannir, wadda tun da aka yaye ta take kwana a bayanta.

A bakin fadama take haƙar yumɓu, da yamma in rana ta yi sanyi. Cikin lakar akwai wasu tsutsotsi ƙanana jajaye wur, kamar zaren jini. Ta san su tun tana yarinya. Kifi na cin su, waɗanda suka tsira kuma su yi fiffike su tashi. Ka gan su ka rantse sauro ne, alhali ko cizo ba su iya ba, kwana kaɗan suke yi su mutu. Halinsu shi ne gab da magariba su yi curi a saman duk abin da ya fi tsawo ko haske a wurin, suna rawa, a nan suke barbara. Batula kuwa ga tsawo, ga farin daro a ka. Haka take tahowa gida suna samanta kamar hayaƙi, ta tsaya su tsaya, ta tafi su bi.

Shekara da shekaru ana ganin haka, ba wanda ya ce uffan, sai daminar da zazzaɓi ya ɗauke yara biyu a unguwar. Nan take matan da ko hanyar fadama ba su sani ba suka zama masana. Wata ta ce ta ga jini na motsi cikin yumɓun. Wata ta ce abin da ke bin tsohuwar ba ƙwari ba ne, kurwar yara ce. Aka fito da randunanta aka farfasa. Sauron gaske yana can cikin kwatami da tsofaffin tayoyi yana hayayyafa, ba mai kula shi.

Sai Hamdiya ta kwanta, jiki zafi rau, tana sambatu tana kiran Kaka. Yarinyar da ke jin jiki wa za ta kira in ba mai goyonta ba? Amma ga mutanen gari magana ta ƙare, ta kama sunan mayyarta.

Da safe Mannir ya sayo magani a Kebbe aka ba yarinyar. Da yamma gida ya cika, ya je ya durƙusa a ƙofar ɗakin uwarsa.

"Inna, ki fito ki tsallake ta."

A al'ada mayya ake sa wa ta tsallake wanda ta kama, don ta sake shi.

"Ni, Auta? Ni da nig goye ka?" in ji Batula. "Ƙwarin laka na fa. Kamo su ka aza ga hannunka ka gani."

"Na sani, Inna. Mutane na sunka matsa. In ba ki yi ba, ba ni iya zama garin ga."

Ta dubi yarinyar a kan tabarma, leɓɓanta sun bushe. Da wuta aka ce ta shiga don ta warke, shiga za ta yi. Ta tattare zane ta tsallake, gaban surukarta da maƙwabta, har da marasa kunyar da suka ɗaga waya suna ɗauka.

Magani ya yi aikinsa, Hamdiya ta tashi ta nemi fura. Batula ta yi hamdala har da hawaye, baiwar Allah ba ta san sauƙin nan ne ya gama da ita ba. Da yarinyar ta mutu, wataƙila wani ya yi shakka. Tunda ta tashi, shaida ta cika.

Aka kewaye wa Batula ɗakinta da zana, aka fitar mata da ƙofa ta bayan gida. Ba mai sayen tukunyarta, amma ba ta daina zuwa fadama ba, don ba ta san wani aikin ba. Ta gina 'yar tukunyar wasa, ta gasa, ta ƙulle a bakin zane tana yawo da ita. Wata yamma tana dawowa da daro a ka ta hango Hamdiya a bakin hanya ita kaɗai. Ta kwance ƙullin ta miƙa mata.

"Ƙawata, taho ki amsa. Taki ta."

Yarinyar ko kallon tukunyar ba ta yi ba. Saman kan kakarta ta duba, ta ƙwalla ihu, ta ruga gida tana kiran uwarta.