Ranar da Yaya Ta Ce da Malami Mushe

Ɗan doka ya tsaya a ƙofar ungozomar ƙauyenmu ya kira ta baƙuwa, matar da ta yi shekara talatin tana yanke mana cibiya, kuma har yau ban yafe ba. An sha ce mini in manta, wai aikinsa yake yi. To, ni ma nawa nake yi da na zauna rubuta wannan.

Ƙauyenmu yana gefen Tsiga, ƙasar auduga da dawa. A shekarar da aka fara yaƙi a kudu, umarni ya zo ta hannun hakimi cewa duk baƙon fuska a kai labarinsa, wanda kuma ba ɗan ƙasa ba ne ya nuna takarda ko a mayar da shi inda ya fito. 'Yan dokan En'e aka ɗora wa aikin. Da can abin da muka san su da shi bai wuce bin masu gudun haraji da tsare layi ranar awon auduga ba. Sai ga su suna yawo a kasuwa suna leƙen tsagen fuskar mutane, suna kasa kunne su ji yadda harshen kowa yake karyewa. Da idona na ga an ɗora 'yan cin rani biyu a bayan mota da igiya a ƙugu, ko tabarminsu ba a bari sun naɗe ba. Daga nan hira ta ragu a bakin rijiya. Kowa ya fara auna maƙwabcinsa.

Ungozomar, Yaya nake ce mata, don ta girme ni nesa. An haife ta a hayin iyaka, arewa da Katsina, ƙasar da muke kira Faransa ko bayan da Faransawan suka tafi. Aure ya kawo ta tun ban yi wayo ba. Mijin ya rasu, 'ya'yanta biyu suna kwance a maƙabartarmu, abin da ya rage mata ɗaki ɗaya ne da 'yar gona a bakin fadama. Kowa ya san daga ina ta zo, kuma ba wanda ya taɓa ɗaukar wannan a bakin komai.

Ni da ita muka shiga ajin yaƙi da jahilci tare, ina da 'ya'ya huɗu a lokacin. A zauren mai unguwa muke zama bayan la'asar, wata malama 'yar Malumfashi tana koya mana baƙi da wasali. Ran nan aka ce babban malami mai duba azuzuwa zai zo daga Funtua. Ya zo a kan keke, wani kofur na 'yan doka yana rakiyarsa. Kofur ya tsaya a waje gadin kekuna, malamin ya shigo da farar riga da alƙalami biyu a aljihu. Da yake Yaya ce babba, ita aka sa ta yi gaisuwa. Ta gyara mayafi, ta durƙusa, ta ɗaga murya ta ce, "Sannu da zuwa, mushe."

A wajenmu mushe dabba ce da ta mutu ba yanka, wadda ake ja da igiya a kai wa ungulu.

"Me kika ce, Iya?" in ji malamin.

"Na ce sannu da zuwa, mushe, ranka ya daɗe."

Ni na fara fashewa da dariya, ba zan ɓoye ba. Aji ya ɗauka. Sai daga baya Yaya ta warware mana. Ashe da rani ta je ta'aziyyar wanta a can hayin, ta ji 'yan makaranta suna kiran malaminsu na boko haka, kalmar Faransawa ce ta girmamawa. Ta riƙe ta a ranta kamar sabon zane, tana jiran babbar rana. Malamin ya yi 'yar dariyar da ba ta wuce leɓe ba, ya rubuta wani abu a littafinsa, ya tafi.

Bayan kwana tara kofur ya dawo shi kaɗai. Ina tsakar gida ina sussuka na ji hayaniya ta kan danga, na fito da taɓarya a hannu. Na same shi a ƙofar Yaya, ta durƙusa a gabansa, mata sun yi cirko-cirko daga nesa.

"A ina ake ce wa malami mushe?" ya tambaye ta.

"A can inda aka haife ni, ranka ya daɗe."

"To, kin faɗa da bakinki. Takarda."

"Wace takarda?"

Ya sa bakin kulkinsa a haɓarta ya juya fuskarta, yana duba tsagen kumatunta kamar mai tayin akuya. Wannan ne abin da ban yafe ba. Na ce, "Kofur, sauke sandan nan. Wannan ta haife ka."

"Ke kuma wace ce? Alƙaliya?"

"Maƙwabciya. Maza suna da takardar haraji, mace a ƙauyen nan wace takarda gare ta? Ni ma ba ni da ita. Ɗora ni a motar."

"Ajiye taɓaryar tukuna, sarauniyar yaƙi," ya ce. "Ni umarni aka ba ni. An kawo ƙara cewa akwai 'yar Faransa a nan, tana zuwa can tana dawowa, ba a san abin da take kaiwa ba."

"Wa ya kawo?"

Ya yi kamar bai ji ba. Ya ce jibi Alhamis mota za ta tashi zuwa iyaka. Ko Yaya ta kai takardar shaida gaban hakimi kafin hantsi, ko ta ɗaure kayanta. Ya hau keke. Duk tsawon abin nan mai unguwa bai leƙo ba, alhali ina hango takalmansa a ƙofar zaure.

Wa ya kai ƙara? Tambayar nan ta hana ni komawa turmi. Na zargi malamin Funtua, don na ga ya yi rubutu a littafinsa, ko da yake ban ga mene ne ba. Na zargi malamarmu, don ta ji kunya a gaban babbanta, kuma tun ranar ba ta ƙara cewa Yaya ta karanta allo ba. Na zargi mai unguwa saboda takalman nan. Amma wanda zuciyata ta fi tsayawa a kansa shi ne ƙanen mijin Yaya. Gonarsa ta haɗa iyaka da tata, kuma kowace damina kunyarsa sai ta ɗan matso. Ranar kasuwa ma na gan shi ya fasa goro ya miƙa wa kofur rabi.

Ban tsaya shawara ba. Na same shi a gindin tsamiya yana gyaran ƙotar fartanya.

"Malam, fadamar ce ta tsone maka ido har ka sayar da matar wanka?"

Bai ko ɗago ba. "Ni na sayar? Tambayi bakinki."

"Bakina ya yi me?"

"Ranar awon auduga, wace ce ta tsaya a layi tana durƙusawa tana cewa 'sannu da zuwa, mushe' har mai sikeli ya riƙe ciki? Wace ce ta ce ai a garinsu Faransa haka ake yi, da rani ma can ta je? Kofur yana bayanki, har hularsa ta kusa faɗuwa don dariya."

Haka aka yi. Sau uku na kwaikwaye ta a layin nan, don na ga ana jin daɗi. Ban waiwaya na ga wanda ke bayana ba.

Kada a ɗauka na wanke shi. Jin labari daban, kai ƙara daban, kuma mutumin da ya iya tuna inda kofur ya tsaya, idonsa yana kan kofur ke nan. Har yau ban san ko shi ne ba. Abin da na sani shi ne, ko wane ne ya ɗauki zancen zuwa ofishin 'yan doka, daga bakina ya tsince shi.

Na koma wajen Yaya kafin magariba. Na tarar ta fito da tukwanenta tana warewa, wannan na wance, wannan na wance. Na durƙusa na gaya mata duk abin da na yi a layin awo.

"Kin dai iya muryar tawa?" ta ce.

"Yaya, don Allah."

"Ke dama tun ranar da na karɓi haihuwarki ta fari na san bakinki ba shi da murfi. Tashi. Can ɗin wa zan tarar? Wana ya mutu. A nan zan so a binne ni, kusa da yaran."

Na ce mata ta mayar da tukwane. Kofur takarda ya ce, bai ce wace iri ba. Kuma malama ta taɓa gaya mana cewa magana in an rubuta ta aka dangwala hannu, ta zama shaida ko a gaban alƙali. Na ciro takarda daga tsakiyar littafin aji, na zauna a kan turmi, na rubuta da manyan baƙaƙe masu karkata: WANNAN MATA TAMU CE. ITA TA YANKE CIBIYAR 'YA'YANMU. Layi biyun nan sun ci mini rabin fensir da gogewa. Na lissafa a raina gidajen da zan bi neman yatsu: unguwarmu, unguwar maƙera, da gidajen Maguzawa na bayan dutse, inda take zuwa karɓar haihuwa ko ruwa ake kamar da bakin ƙwarya.

Da gari ya waye na jiƙa shuni a murfin kwano, na dangwala babban yatsana a ƙarƙashin rubutun. Sannan na yafa mayafi, na ɗauki takardar da murfin, na nufi gidan ƙanen mijinta. Matarsa ta haihu biyar a hannun Yaya, kuma ina so in ga fuskarsa lokacin da za ta miƙo yatsa.