Sallamar da na yi a kasuwar Gwaram

Jiya ina tayin man shanu a kasuwar Gwaram, sai tsohuwar da ke sayarwa ta kama hannuna.

Shekara goma sha biyar ina fim, ban taɓa fitowa jaruma ba. Kullum ni ce maƙwabciya, in yi sallama, in ajiye kwanon abinci, in fita.

Ta ce, "'Yar nan, ke ce mai shigowa da kwano a fim?"

Na ce, "Ni ce, Inna."

Ta ce, "Muryarki sak ta Hansatu, 'yata da ta rasu bara. Wurin sallamar nan taki nake sa a yi ta maimaita mini a waya. Yi mini sallamar nan sau ɗaya."

Na gyara mayafi na ce, "Salamu alaikum, masu gida."

Ta lumshe ido. Hayaniyar kasuwa ta yi mini nisa kamar a mafarki. Can a hankali ta ce, "Wa alaikumus salam. Shigo, Hansatu."

Har motarmu ta isa Birnin Kudu ina hawaye. Ashe ɗan wurin da nake rainawa a fim akwai mai jiransa.

Ku fa, muryar wa kuke kewa?