Malam Habibu da Kalmar "Aboki"

Ina tsaye a tashar bas a Hulme, ana yayyafi, kiran Hajiya Rabi, matar Malam Habibu, ya shigo wayata. Ba ta ja magana ba. "Nura, malaminka ya rasu da hantsin nan." Inna lillahi wa inna ilaihi raji'un. Na bar bas ɗin ya wuce, na nemi jirgin ƙasa zuwa Birmingham.

Malam Habibu ne ya riƙe ni tun zuwana karatu ƙasar nan. Masanin tarihi ne, ya ƙarar da ƙarfinsa a kan sarakunan ƙabilun Birtaniya na dā, waɗanda suka ƙulla ƙawance da Rumawa. Mutanenmu kan tsokane shi, wai Bahaushe ya ƙetaro teku yana tonon asirin kakannin Turawa. Sai ya gyara tabarau ya ce, "Su ma ai sun tono na namu."

Mutum ne mai kyauta, amma bai yarda da zaƙin baki ba. Kalmar da ya fi tsana ita ce "aboki". Ya ce da wannan suna Rumawa ke kiran duk sarkin da ya miƙa wuya, su gina masa gida, su bar masa gadon sarautarsa. Ya sha ba ni labarin wani sarki na gabashin tsibirin nan da ya yi wasiyya a raba dukiyarsa tsakanin sarkin Rum da 'ya'yansa mata, don a ƙyale iyalinsa lafiya. Yana mutuwa Rumawa suka kwashe komai, suka yi wa matarsa bulala. "Abotarsu da ran mutum take," in ji Malam. "Ka duba wanda zai fara zuwa gaisuwa."

Akwai wani ɗan gini a unguwar Balsall Heath ta Birmingham inda yaranmu ke koyon Alƙur'ani da Hausa ranar Asabar. Jama'a suka haɗu suka saya, aka damƙa wa Malam amanarsa, ni kuma aka sa ni mataimaki. Bara wani Alhaji Tanimu, mai hulɗa da wani kamfanin gine-gine, ya zo da rawani a leda, wai za a naɗa Malam Sarkin Hausawan Birmingham, kamfanin ya ɗauki nauyin biki. Malam ya juya rawanin ya ce, "Yadin mai kyau ne. Me kuke so a ƙarƙashinsa?" Alhaji ya yi dariya, ya ce abota ce kawai. Malam ya mayar masa da ledarsa, ya raka shi har ƙofa. Wasu suka ce zargin Malam ya yi yawa.

Da na isa gidan Malam a unguwar Erdington, ko wanka ba a yi masa ba, na tarar da Alhaji Tanimu a falo. Ya riga kowa. Yana share ido yana faɗa wa Hajiya, "Ni da marigayi abokai ne na ƙut da ƙut." Na tuna maganar Malam. Bayan jana'iza ya ja ni gefe.

"Malam Nura, rawanin nan fa yana nan. Kai ne magaji. Ginin makarantar nan ya tsufa, council ma, hukumar gari, za su dame ku. Just one meeting, zama ɗaya tak da mutanena na kamfani, shi ke nan."

"Alhaji, ƙasar kabarinsa ba ta bushe ba."

"Ai don yaran nake yi."

Na ce masa ranar Asabar akwai karatu, kuma ni zan buɗe ƙofa. Ya dafa kafaɗata ya kira ni abokinsa. Na ji haushi, na kuma ji kewar Malam fiye da yadda na ji ta a maƙabarta.

Allah ya jiƙan Malam Habibu, ya gafarta masa, ya haskaka kabarinsa, ya sa Aljanna ce makomarsa. Allah ya ba Hajiya Rabi da yara haƙurin rashi, ya ba ni ikon riƙe abin da ya bari. Ya kuma tsare su daga abokai irin na Rumawa. Amin.