Hira da Uwar Ɗan Fari

Fim ɗina na farko a kan wani mai zanen hotuna na yi shi, dattijo mai furfura da ke zaune a Nassarawa GRA, cikin irin gidajen nan da sai ka gaji da tafiya daga get kafin ka kai falo. Masu ɗaukar nauyin aikin abu ɗaya suke so, a gano inda ya samo salonsa. Na tambaye shi, ya gyara zama ya jero mini malamansa na Turai, sunaye masu wuyar faɗa, ni kuma ina ta gyaɗa kai kamar tare muka yi karatun.

Rana ta uku na shiga sashen mahaifiyarsa neman inda zan jona caji. Na tarar da ita kan tabarma tana saƙa faifai. Ina ganin adon faifan na gane shi: ja, baƙi, ja, sannan layi ya juya. Shi ne a jikin kowane allon zanen ɗanta, an dai ƙara masa girma da tsada. Na koma wurinsa na ce lallai sai mun yi hira da ita. Na zaci zai hana. Sai ya ce, "In ta yarda. Shekara talatin ina wannan aiki, ban taɓa jin ta ce komai a kai ba."

Ni da aka haifa a Kano, karatun fim ya sa na manta cewa shi ɗan fari ne. Uwa ba ta kama sunan ɗan fari, balle ta yabe shi a gaban jama'a. Na maƙala mata makirfo, na ce, "Hajiya, ki faɗi sunan ɗanki, sannan ki gaya mana yadda kike alfahari da shi."

Ta dube ni sama da ƙasa. "'Yar nan, a wane gari aka raine ki?"

Minti arba'in muka ɗauka. Ta yabi autanta mai sayar da tayil, ta yabi direba, har mai gyaran janareta ya samu albarka. Shi kuwa ɗan farin yana tsaye bayan kyamara, hannu a baya kamar ɗan firamare. Ya ba ni tausayi, haushin kaina kuma ya kama ni.

Da dabara ta ƙare mini, na sa aka ɗauko babban allonsa aka jingine a gabanta. Ta daɗe tana kallo. Can ta nuna da basillar hannunta.

"A gaya wa wancan, layi na uku ya karkace. Ni ba haka nake juya shi ba."

Masu ɗaukar nauyi suka ce a yanke wurin, wai tsohuwa ta kushe aikin, kuma bai dace da malaman Turai ba. Na yanke, don ni ma ina son a sake ba ni aiki. Ranar da na kai masa fim ɗin, ko kallonsa bai tsaya yi ba. Ya biyo ni har mota, ya roƙi in tura masa wurin da aka yanke a waya. Idonsa ya yi ja.

Ya ce, "Kin dai ji da kunnenki. Ashe ta san nata ne."