Gadin Ciyawa

Ni dai tun ina ƙarama ba na iya zama wuri ɗaya. A gida, a Betso, in aka aike ni ɗebo ruwa sai an biyo ni da kira, don ina can bakin hanya ina kallon baburan da ke tafiya Mubi. Da na samu shiga kwalejin koyon aikin gona ma, tasha na ɗauke ta, in ɗan tsaya in wuce gaba.

Makarantar ta girme ni nesa ba kusa ba. Kakana yakan ce a zamaninsu fili ne kawai da 'yan rumfuna, inda ake koya wa manoma ɗaura wa shanu garma, shi ma a nan ya fara riƙe ta. Daga baya aka gina azuzuwa, aka kawo kwasa-kwasai: noma, lafiyar dabbobi, gandun daji, gyaran injinan gona, har da kiwon kifi. Na fara da lafiyar dabbobi, wata saniya ta take min ƙafa, na ce ban ga ta zama ba. Na leƙa gandun daji, na ji ana zancen bishiyar da sai ka tsufa za ka sha inuwarta, na fice. A noma na tsaya, don ita gyaɗa ba ta ɓata wa mutum lokaci.

A shekarar ƙarshe kowane ɗalibi ake yanka wa fili ya yi gwaji, da shi ake ba da difloma. Nawa gwajin shi ne a ga irin ɓarnar da ciyawa ke yi wa gyaɗa. Na raba filin uku da turaku da igiya. Kashi ɗaya a nome sau biyu, ɗaya sau ɗaya, na ukun kuma kada fartanya ta taɓa shi har a cire gyaɗa a auna. Malaminmu ya ja min kunne cewa wannan na ukun shi ne ran aikin, in babu shi babu abin kwatantawa. A lokacin kuma wani kamfanin sayar da iri a Yola ya yi min alkawarin aiki, muddin na gama tare da 'yan ajinmu. Jakata tun tuni take a ɗaure.

Wata ranar kasuwa Mama ta kawo min garin masara da kuka, ta ce sai ta ga gonar tawa. Muna isa ta tsaya cak a gaban kashi na uku. Harƙiya da aya-aya sun rufe gyaɗar, sai ka sunkuya za ka gan ta. Na yi mata bayani, na sake yi da yarenmu. Ta ji ni sarai, amma ta yi min kallon nan da take yi min ina yarinya in na ce na wanke tukunya alhali ban wanke ba. Wai a ina aka taɓa jin malamin gona ya ce a bar ciyawa? Ta kalli filayen sauran ɗalibai tas-tas, ta kalli nawa, ta gyara ɗaurin zane ta tafi.

Ƙarshen makon na tafi Yola ganin mutanen kamfanin. Na dawo ran Litinin, ban ko ajiye jaka ba na nufi gona. Daga nesa na ga ƙasa ja a inda ya kamata in ga kore. An nome filin kaf, kashi uku sun zama ɗaya, an tara ciyawar a gefe. Turakuna ma an cire an jera su a gindin bishiya, an naɗe igiyar da kyau an ɗora a kai.

Maigadi ne ya ba ni labari, yana murna. Wai ran Asabar da sassafe mata suka sauko daga babura da fartanyoyi da bokitin kunu, suna waƙa, ya zaci makaranta ce ta ɗauko su. Gayya Mama ta haɗa min. Ta bi matan zumuntar cocinmu gida-gida, har da wata ƙawarta daga Kolere, ta ce 'yarta na neman jin kunya a cikin mutane.

Malam ya zo ya duba, sannan ya ce damina ta yi nisa, ba a sake shuka yanzu, kuma ciyawar da za ta fito daga baya ba ita ce ta farko ba. Sai baɗi. Ya faɗa a hankali, amma ni ji na yi kamar an rufe ni a ɗaki an tafi da makulli.

A ranar na hau babur zuwa Betso, raina a ɓace, ina ta shirya maganganu a hanya. Na sami Mama tana sussukar masara, tana ganina ta fara murmushi, jira take in gode. Na faɗa mata komai, ban rage ba: shekara ta tafi, aikin Yola ya tafi. Murmushin ya ɗauke. Ta daɗe tana juya totuwa a hannu kafin ta ce, "Ni na ɗauka kin gaji ne, ba ki son faɗa."

'Yan ajinmu suka gama suka watse. Kamfanin ya ɗauki wani. Ranin nan na yi shi kamar kaza mai neman wurin ƙwai, yau ina Betso, gobe ina Mubi, jibi ina gidan goggona a Mayo Bani, ko'ina kwana biyu ya ishe ni. Ina gaishe da Mama, ina cin tuwonta, amma hira ta ƙi dawowa tsakaninmu.

Da ruwa ya sauka na sake kafa turaku, na sake shuka. Asabar ta farko da ciyawa ta fara tasowa, na zo da safe na tarar da Mama zaune a kan dutse a gefen kashi na uku. Wani ɗalibi ya ratso da fartanya a kafaɗa zai wuce filinsa, ta daka masa tsawa ya bi ta can. Haka ta riƙa zuwa duk Asabar, ta bar nata noman. Ina lura da ita, idonta na kan wata doguwar harƙiya da ke dab da ƙafarta, hannayenta kuma ta cusa su ƙarƙashin cinyoyinta ta danne.

Na ce, "Mama, yau ba ki zo da fartanya ba?"

Ba ta ɗago ba. Ta ce, "Na bar ta a gida. Ban yarda da hannuna ba."